Likita Baikie: Hafsan Sojan Ruwan da Ya Karanta Kogin Kwara Kafin Ya Shige Shi

Duk ɗalibin da ya zauna ajin tarihin rubutun Hausa na boko ya san jerin sunayen nan da muke haddacewa idan jarrabawa ta ƙarato: Schön, Barth, Robinson, Bargery, Abraham da sauransu. Akwai wani suna da yakan faɗo a tsakaninsu, a ba shi layi ɗaya ko biyu a wuce, wato William Balfour Baikie. A kan wannan mutum nake so in yi magana a wannan fitowa ta mujallarmu. Likita ne, kuma hafsa a rundunar sojan ruwa ta Ingila, wanda ya yi kusan shekara goma yana kai da kawowa a Kwara da Binuwai, ya koyi Hausa, ya yi rubutu da ita, ya taka har Kano, sannan ya mutu bai cika shekara arba'in ba.

Mai yiwuwa wani ya ce me ya haɗa ɗan Jere da maganar sojan ruwa, mu da babban ruwanmu shi ne Gurara? To, ai ruwan Gurara ɗin nan da ke ratsa ƙasarmu, idan ka bi shi kudu, Kwara yake faɗawa, sama da Lakwaja, garin da Baikie ya zauna. Bugu da ƙari, jiharmu ta Kaduna, duk da nisanta da teku, nan ne ake fara horar da hafsoshin sojan ruwan Nijeriya tare da na ƙasa da na sama, a makarantar NDA da aka kafa a 1964. Idan sun yi girma a aiki kuma su dawo Jaji ƙarin karatu. Ko a Kachiya ma rundunar ruwa tana da makarantar koyon aikin makamai. Saboda haka tambayar abin da hafsan ruwa yake karantawa, da abin da karatun nasa yake haifarwa, ba baƙuwa ba ce a wurinmu.

Haihuwarsa da karatunsa

An haifi Baikie a watan Agusta na 1825 a garin Kirkwall, cikin tsibiran Orkney da ke arewacin Sikotilan. Mahaifinsa, Kyaftin John Baikie, shi ma sojan ruwa ne. Ya yi karatun likita a jami'ar Edinbara, ya shiga aikin sojan ruwa a 1848 a matsayin mataimakin likita. A wannan shekara ce shi da wani abokinsa suka fitar da ɗan littafi a kan dabbobi da tsuntsayen Orkney. Wato tun yana ɗan shekara 23 halinsa ya bayyana: mutum ne mai son ya ga abu, ya tambayi sunansa, ya rubuta.

Ya kamata a nan mu dubi yadda ake tarbiyyar hafsan ruwa a wancan zamani, domin shi ne zai sa mu gane mutumin. Babu wata kwaleji da kowa yake bi ta cikinta. Yaro ɗan shekara goma sha biyu ko sha uku ake ɗauka a saka shi cikin jirgi, jirgin shi ne ajinsa. A nan zai koyi lissafi, da auna tsayin rana da taurari don gane inda jirgi yake, da jefa igiya mai dalma a baki don auna zurfin ruwa. Sai ya yi shekara shida a teku kafin ya zauna jarrabawar zama laftanar, kuma cikin abubuwan da zai ajiye gaban masu jarraba shi har da littattafan da ya riƙa rubuta bayanin tafiyarsa ta kullum. Haka nan likitan jirgi, dole ne ya riƙe littafi ya rubuta duk wanda ya kwanta ciwo, da maganin da aka ba shi, da yadda ya ƙare, ya miƙa wa hukuma bayan tafiya. Sai daga baya aka tsara makarantu sosai: jirgin koyarwa na Britannia ya zauna a Dartmouth daga 1863, inda bayan shekaru masu yawa wasu hafsoshin Nijeriya na farko suka yi horo, aka kuma buɗe babbar kwalejin Greenwich a 1873. Kafin nan, littattafan tafiye-tafiyen magabata su ne manyan malamai.

Daga 1851 Baikie ya yi aiki a asibitin sojan ruwa na Haslar, kusa da Portsmouth, ƙarƙashin Sir John Richardson, likitan da ya yi suna wajen binciken ƙasashen ƙanƙara na arewacin Kanada. A Haslar akwai ɗakin karatu da ɗakin ajiye samfurin halittu, kuma Richardson yakan zaɓi samarin likitoci masu kai ya tura su tafiyar bincike. Ta hannunsa Thomas Huxley, wanda ya shahara daga baya a ilimin halittu, ya bi. Ta wannan ƙofa Baikie ma ya fito.

Kogin da ya ci Turawa

Kafin mu sa shi cikin jirgi, bari mu ga abin da ya tarar a rubuce game da Kwara. A 1830 Richard Lander da ƙaninsa suka bi kogin a kwalekwale daga Busa har teku, aka gane inda yake ƙarewa. A 1832 wani ɗan kasuwa mai suna Macgregor Laird ya shigo da jirage biyu masu tafiya da tururi. Cikin Turawa 48 da suka taso, tara kaɗai suka tsira da rai. A 1841 gwamnatin Ingila da kanta ta aiko da jirage uku, Albert da Wilberforce da Soudan, ƙarƙashin Kyaftin Trotter, da nufin ƙulla yarjejeniyar hana cinikin bayi da kafa gonar gwaji a mahaɗar Kwara da Binuwai. Turawa kimanin 150 ne a ciki, fiye da 40 zazzaɓi ya kashe cikin 'yan watanni. A wannan tafiya ce Schön ya shigo tare da Samuel Ajayi Crowther, kuma ita ta haifar da littafinsa na farko na kalmomin Hausa a 1843.

Abin da ya sa suke mutuwa kamar kiyashi shi ne ba su san asalin ciwon ba. A zatonsu gurɓatacciyar iskar fadama ce, har aka ƙera wa jiragen 1841 wata na'ura ta tace iska. Idan mutum ya kwanta kuma, sai a tsaga shi a zubar masa da jini, a ɗura masa maganin da aka haɗa da zaiba, a ƙara wa Barno dawaki. Kwinin kuwa yana nan tun 1820, lokacin da wasu Faransawa biyu suka tace shi daga ɓawon itacen sinkona, amma yawanci sai ciwo ya kama ake ba da shi, shi ma ba a kan ƙa'ida ba.

Nan ne amfanin rubutun nan na dole ya fito. Wani likitan sojan ruwa, Alexander Bryson, ya zauna ya bi littattafan likitocin jiragen da suka yi aiki a gaɓar Afirka ta Yamma shekara da shekaru, yana kwatanta wanda ya sha magani da wanda bai sha ba. A 1847 ya fitar da rahotonsa, inda ya ba da shawarar a riƙa shan kwinin a matsayin rigakafi, kullum, tun kafin ciwo ya zo, a kuma ci gaba da sha bayan an baro wurin. Ɗaya daga likitocin tafiyar 1841, Thomson, ya riga ya gwada hakan a jikinsa ya kuma rubuta. Shi da Kyaftin William Allen suka wallafa cikakken labarin waccan tafiya a 1848. Ka ga ke nan mutanen da suka mutu a Kwara ba su bar komai ba sai lissafi a takarda, amma lissafin ne ya zama darasi. Babu wanda ya san sauro ne ke kawo ciwon sai a 1897, lokacin binciken Ronald Ross. Sun sami makari shekara hamsin kafin su gane dafin.

Tafiyar 1854

A 1851 Barth, wanda mutanenmu suka sani da Abdulkarim, ya ƙetare wani babban kogi kusa da Yola da ake kira Binuwai, ya aika labari Turai. Tambaya ta taso: shin wannan ne kogin da ke haɗuwa da Kwara, wanda Turawa suke kira Tsadda bisa zaton daga tafkin Chadi yake fitowa? Aka shirya ƙaramin jirgi mai suna Pleiad, wanda Laird ya ɗauki nauyinsa, don a gano gaskiya, a kuma nemi Barth. Wanda aka naɗa shugaban tafiya shi ne John Beecroft, wakilin Ingila a tsibirin Fernando Po. Baikie likita kawai aka turo shi da mai tattara samfurin tsirrai da dabbobi. Da ya iso tsibirin sai ya tarar Beecroft ya rasu. Yana ɗan shekara 28, bai taɓa shugabantar jirgi ba, ya ce shi zai ja tafiyar, domin idan aka jira umarni daga Landan ruwa zai janye, shekara ta wuce.

Suka shiga kogin a watan Yuli, Turawa 12 da 'yan Afirka 54, Crowther na cikinsu. Kowace safiya kowane Bature sai ya sha kwinin. Tafiyar ba ta zo da sauƙi ba. Jirgin yana cin itace kamar gidan biki, kullum sai an tsaya sara, ga shi yana yawan kafewa a yashi. Baikie ya sami saɓani da matuƙin jirgin, wanda ya ga kamar ba ya son ci gaba, har ya karɓe ragamar daga hannunsa. Wani ƙaramin hafsa, D. J. May, shi ya riƙa auna ruwa yana zana taswira. Suka wuce inda kowane jirgi ya taɓa kaiwa a Binuwai da kimanin mil 250, Baikie ya sauka ya je Hamarruwa ya gai da sarkin Muri. Da jirgin ya kasa gaba, shi da May suka ci gaba a ƙaramin kwalekwale har wani ƙauye da ambaliya ta shanye, daga nan suka juyo.

Barth dai ba su gan shi ba. A daidai wannan lokaci yana kan hanyarsa ta dawowa daga Tambutu, ya bi ta Sakkwato, ya shiga Kano a watan Oktoba. Amma sun tabbatar Tsadda da Binuwai kogi ɗaya ne. Babban abin kuwa shi ne sun yi kwana 118 a cikin kogi, suka koma Fernando Po a watan Nuwamba ba tare da ko mutum ɗaya ya mutu ba.

A 1856 ya fitar da littafin wannan tafiya. Abin da ya burge ni a matsayina na ɗalibin harshe shi ne tun daga kan bangon littafin ya sa sunayen da masu kogin suke kiran abinsu, Kwara da Binuwai, ya mayar da Neja da Tsadda sunaye na biyu. A ƙarshensa kuma ya yi rataye a kan harsunan da ya tarar. Littafin ya shiga sahun waɗanda duk mai niyyar shigowa kogin sai ya karanta, kamar yadda shi ma ya karanta na Laird da na Allen.

Jebba da Lakwaja

A 1857 ya dawo da wani jirgi, Dayspring, wannan karo da niyyar kafa wuraren ciniki da neman hanyar zuwa Sakkwato. A watan Oktoba jirgin ya daki dutse kusa da Jebba ya nutse. Ba a rasa rai ba, amma sun yi kusan shekara guda a bukkoki a bakin kogi kafin wani jirgi ya zo. Cikin waɗanda suka yi wannan zama akwai wani laftanar mai suna John Glover, wanda ya shiga aikin ruwa tun yana ɗan shekara 12. A riƙe sunansa, za mu sake haɗuwa da shi.

Wajen 1860 Baikie ya zauna a mahaɗar kogunan biyu, a wurin da ya zama Lakwaja, da izinin Etsu Masaba, sarkin Nufe na Bida. A nan ne rayuwarsa ta fi ban sha'awa, kuma a nan ne ta fi wuyar yanke wa hukunci. Kusan shi kaɗai ne Bature, jirgi kan yi shekara bai leƙo ba, albashi da kaya ba sa zuwa a kan kari. Ya sa tufafi irin na mutanen ƙasa, ya ci abin da suke ci. Shi ne likitan gari, shi ne alƙali, shi ne malamin makaranta. Ya share fili ya buɗe kasuwa, fatake suka riƙa zuwa, Hausawa da Nufawa da Kakanda da sauransu, har an ƙiyasta 'yan kasuwa kimanin 2,000 sun ziyarci wurin cikin shekara uku. Ya fanshi bayi, musamman yara, ya zaunar da su. Gwamnatinsa ta so ta rufe aikin ta kira shi gida, ya nemi a bar shi, ya ci gaba da zama.

A bakin waɗannan fatake ya koyi Hausa. Wannan ya bambanta shi da Schön, wanda yawancin aikinsa a Saliyo da Ingila ya yi shi, da taimakon 'yantattun bayi, daga baya kuma da Dorugu da Abbega, samarin nan biyu da Barth ya tafi da su Turai a 1855. Baikie Hausar kasuwa da zango ya ji da kunnensa, a wurin da ba ƙasar Hausa ba, abin da ya nuna masa cewa da wannan harshe ɗaya mutum zai yi ciniki daga Lakwaja har bakin hamada. A 1861 aka buga ɗan littafinsa na bayanai a kan Hausa da Fulatanci. Ya tattara kalmomi na harsuna da kare-karen harshe kusan 50. Ya fassara wasu sassa na Littafi Mai Tsarki zuwa Hausa, kuma fassararsa ta Zabura ta fito a 1881, shekara 17 bayan mutuwarsa. Ba na jin za a ce aikinsa ya kai na Schön yawa ko zurfi. Amma shi aikin sa-kai ne na mutumin da ke fama da zazzaɓi da rikicin kasuwa da rana, ya kunna fitila da dare ya zauna rubutu.

A 1862 ya hau doki daga Bida ya nufi Kano ta hanyar Zariya, a zamanin Sarkin Kano Abdullahi Maje Karofi. Abin da ya kai shi, ban da neman zumunta da sarakuna, shi ne neman takardun Eduard Vogel, Bajamushen da aka kashe a Wadai a 1856, da na abokin tafiyarsa. Dubi wannan hali: tafiyar ɗaruruwan mil saboda takardun mamaci. A hanya ya riƙa rubuta sunayen garuruwa da koguna da nisan zango, ya kuma tattara jerin sunayen sarakunan wasu ƙasashen Hausa. John Kirk ne ya tsara waɗannan bayanai, aka buga su a mujallar ƙungiyar masana labarin ƙasa ta Landan a 1867.

Abin da ya biyo baya

Yanzu sai maganar da ba a cika yi ba idan ana yabonsa. Zazzaɓin nan da ya kashe mutanen Laird da na Trotter, shi ne ganuwar da ta tsare cikin ƙasa daga jiragen Turai. Kwinin ya fasa ta, taswirar May da ta Glover suka nuna inda ruwa ke da zurfi, littafin Baikie ya bayyana wane sarki ne ke iko da wace gaɓa. Bayan 'yan kasuwa sai jiragen yaƙi suka biyo don kare su. A 1879 jirgin yaƙin Ingila ya yi wa Onitsha ruwan wuta. A 1886 kamfanin Goldie ya sami takardar izinin mulkin kogin. A 1897 sojojin kamfanin suka auka wa Bida, wato gidan Masaba da ya ba Baikie masauki. Ranar 1 ga Janairu 1900 Lugga ya ɗaga tutar Ingila a Lakwaja, kuma cikin 1903 Kano da Sakkwato suka faɗi.

Harshen ma bai tsira ba. Glover ɗin nan na Jebba, da ya zama babba a Ikko, shi ne a 1863 ya tara wasu Hausawa, yawancinsu waɗanda suka kuɓuta daga bauta, ya ba su bindiga, aka riƙa kiransu Hausawan Glover. Daga wannan ƙaramar runduna sojan Nijeriya suke lissafin asalinsu. Hausa ta zama harshen bariki, kuma nahawu da ƙamus da aka fara don wa'azi da ciniki suka zama littattafan da hafsan Turawa ke karantawa don ya ba da umarni.

Shin laifin Baikie ne? A ganina ba daidai ba ne a ɗora masa yaƙin da aka yi shekara 30 bayan an binne shi. Bai zo da runduna ba, da izinin sarki ya zauna, kuma ƙiyayyarsa ga cinikin bayi ta gaske ce. Sai dai kuma ba zan ce bai san inda aikinsa ya dosa ba, domin a wasiƙunsa zuwa Landan ya riƙa matsa wa gwamnati ta kafa ƙafarta a kogin, ta riƙa turo jirgi a kai a kai. Hafsan Ingila ne, amfanin Ingila yake nema, ko da yake ya ɗauka amfanin mutanen kogin ma yana ciki. Masaba shi ma da nasa lissafin, bindiga da albarushi yake so daga cinikin, don ya ƙarfafa mulkinsa a kan maƙwabta.

A 1864 jirgin sojan ruwa ya zo da wanda zai canje shi. Ya sauka a Saliyo don ya huta ya kuma tsara tarin takardunsa da samfurorinsa kafin ya ƙarasa gida. A nan ciwo ya kama shi, ya mutu ranar 12 ga Disamba 1864 yana da shekara 39. Mutanen garinsu suka gina masa abin tunawa a cikin babbar majami'ar Kirkwall. A ƙasar Ibo kuwa akwai kalmar beke da ake kiran Bature da ita, har a kira ƙasar Turawa da ita, kuma bayanin da ya fi yaɗuwa shi ne daga sunan Baikie ta samo asali, ko da yake wasu masana harshen suna ganin kalmar ta girme shi.